Yadda ake nazarin simfoni mataki-mataki, da misalin ta biyar ta Beethoven

Tambaya ɗaya ce take ta dawowa daga masu karatu, musamman ɗaliban da aka ba aikin rubutu a kan kiɗan kilasik na Turai, da masu koyar da ƙungiyoyin mawaƙa: ta ina ake farawa? Mutum ya shiga intanet ya tarar da sunaye rututu, Bach, Haydn, Mozart, Brahms, ga lambobi barkatai a gaban kowane aiki. Sai ya gaji, ya kwafo tarihin rayuwar mai kiɗan ya miƙa wa malami, alhali bai ce komai a kan kiɗan kansa ba. Jagoran nan na wanda yake son ya zauna da kiɗan ne, ya ji da kunnensa, ya ƙirga da fensirinsa, har ya iya faɗin magana ya nuna wurin da take a takarda. Zan bi matakan da misali guda, babin farko na simfoni ta biyar ta Ludwig van Beethoven (simfoni dogon kiɗa ne na babbar ƙungiyar makaɗa, wanda aka kasa babi-babi), domin gajere ne, takardarsa kyauta ce, kuma da wuya a sami wanda bai taɓa jin sautukansa huɗu na farko ba.

1. Zaɓi babi ɗaya, ka rubuta cikakken sunansa

Kada ka ce za ka nazarci "Beethoven", ko "zamanin Barok". Wannan aikin shekaru ne. Ɗauki babi ɗaya na aiki ɗaya wanda bai wuce minti goma ba. Simfoni ta biyar babi huɗu gare ta, tana cin fiye da rabin awa, amma babin farko minti bakwai ne ko kusa da haka.

A saman shafin farko na littafinka rubuta sunan aikin yadda masana ke rubuta shi: Simfoni ta 5 a C maino, Op. 67, babi na farko, Allegro con brio. C maino shi ne ki, wato gidan sautin da kiɗan ke komawa ya huta; ki iri biyu ne, mejo mai haske da maino mai duhu. Allegro con brio kuma umarni ne da Italiyanci, a kaɗa da sauri da kuzari. Lambar nan ta Op., wato lambar aiki, ita ce za ta hana ka sauke aikin da ba shi ba. Kowane babban mai tsara kiɗa da irin lambarsa: ayyukan Bach suna ɗauke da BWV, na Mozart K., na Schubert D., na Haydn Hob.

Hattara: lamba ba ta nuna shekarar da aka tsara aiki. BWV an jera su ne bisa nau'i, ba bisa lokaci ba. Kwancato (kiɗan makaɗi ɗaya tare da ƙungiyar makaɗa) ta biyu ta piyano ta Beethoven ta riga ta farko samuwa, wallafa ta ce ta zo daga baya. Simfonin Dvořák da yau ake kira ta tara, a tsofaffin faya-faye ta biyar aka rubuta mata. Idan kana son shekara, nemi shekara.

2. Haɗa kayan aiki

Ba su da yawa, kuma mafi yawansu ba sa cin ko kwabo.

Na farko, abin saurare na kunne mai ɗan kyau. A nan ne kawai zan ce ka kashe kuɗi idan da hali. Lasifikar waya tana haɗiye ƙananan sautuka, ga shi a wannan babin akwai wurin da celo da bes, manyan kayan goge masu kaurin murya, ke riƙe da muhimmin abu a ƙasa, wanda ba za ka taɓa jinsa ta lasifikar waya ba.

Na biyu, fensir da magogi da fensiran launi uku. Biro ba shi da wuri a nan, don za ka goge sau da yawa.

Na uku, manhajar piyano ta waya, kowace iri ta kyauta, don gwada sauti. Sai manhajar VLC, wadda ke iya maimaita ɗan yanki tsakanin wurare biyu da ka zaɓa, kuma tana rage sauri. Mai kwamfuta ya ƙara da Sonic Visualiser, ita ma kyauta ce, an ƙirƙire ta a jami'ar Queen Mary ta Landan, tana ba ka damar sa alama a kan sautin yayin da yake tafiya.

Sauran kuɗin da za su fita daga aljihunka su ne na data da na buga takarda. Sauke sauti zalla maimakon bidiyo idan data ta yi ƙaranci, kuma ka ajiye shi a waya, domin za ka saurare shi fiye da sau ashirin. A shagon buga takarda ka ce a buga maka shafukan babin farko kaɗai, a fuska ɗaya, don ka sami bayan takarda na rubutu.

Dole ne mutum ya iya karanta rubutun kiɗa kafin ya fara? A'a, amma dole ne ya koya yana tafe. Wanda ya taso da sol-fa a ƙungiyar mawaƙa ya riga ya ci rabin hanya. Akwai littafin koyarwa na kyauta a intanet mai suna Open Music Theory, babukansa na farko sun ishe ka. Mai son takardar shaida kuma, akwai jarrabawar kiɗa ta hukumar ABRSM ta Birtaniya da ta cibiyar MUSON da ke Onikan a Legas, amma waɗannan na kuɗi ne, kuma ba sharaɗi ba ne ga aikin da ke gabanmu.

3. Saurara sau uku, babu takarda a gabanka

Wannan ne matakin da aka fi tsallakewa, kuma shi ne na fi jin takaicin a tsallake. Da zarar ka karanta abin da wani ya ce ka ji, kunnenka zai bi shi, ba zai ƙara zama naka ba.

Zaɓi faifai ɗaya. Na Carlos Kleiber da makaɗan Filharmonik na Biyenna, wanda aka ɗauka a 1974, yana da kyau don farawa saboda komai a fili yake. Sauraro na farko, kada ka rubuta komai. Na biyu, riƙe fensir kana kallon agogon faifan, ka rubuta minti da daƙiƙa a duk inda wani abu ya sauya: an yi tsit, an ƙara ƙarfi, wani kayan kiɗa ya fito shi kaɗai, wani abu da ka ji a baya ya dawo. Na uku, ka rubuta abin da kake tsammani a gaban kowace lamba, da kalmominka, ko da "nan ya yi sanyi" ne ko "nan kamar an koma farko".

Idan ka yi da gaske, takardarka za ta nuna abubuwa huɗu aƙalla: ƙaho ya yi kira shi kaɗai kafin minti ɗaya ya cika, an koma farko an maimaita komai wajen minti ɗaya da rabi, can gaba obo, abin busa mai kama da algaita, ta tsaya ita kaɗai tana rerawa a hankali, sannan inda ka zaci an gama sai aka ci gaba da tafiya mai tsawo. Ajiye wannan takarda, za ka dawo kanta.

4. Sauke takardar kiɗan, ka sa wa kowace gaɓa lamba

Shafin IMSLP shi ne rumbun. An kafa shi a 2006, yana ɗauke da takardun kiɗan da haƙƙin mallakarsu ya ƙare. Rubuta sunan aikin da lambar Op. 67, ka zaɓi cikakkiyar takarda mai nuna dukan makaɗa a shafi ɗaya. Wanda ba mamba ba yakan jira daƙiƙa 15 kafin saukewa ta fara, jira kawai, ba sai ka biya ba.

Layukan tsaye da suka yanka takardar sun raba ta gaɓa-gaɓa kamar rake. Lambar gaɓa ita ce adireshin duk maganar da za ka yi. Tsofaffin bugu, irin na kamfanin Breitkopf da Härtel na ƙarni na 19, ba su da waɗannan lambobi, don haka kai za ka sa su. Rubuta lamba a farkon kowane layi. Ga ma'auni biyu na gane ko ka yi daidai: alamar maimaici, wato layi biyu da ɗigo biyu, tana ƙarshen gaɓa ta 124, babin kuma yana ƙarewa a gaɓa ta 502. Idan ka sami 501 ko 503, koma baya. Kuskuren yakan faru ne a inda shafi ya kasu gida biyu, sama da ƙasa, ko a gaɓoɓin da kowa ya yi shiru.

Hattara: kada ka dogara da takardun da jama'a ke ɗorawa a shafin musescore.com. Masu sha'awa ne suke rubuta su, kuma kurakurai sun yi yawa. Manhajar MuseScore ta rubuta kiɗa a kwamfuta daban ce, kyauta ce, tana da amfani in za ka sa misali a rubutunka.

Hattara kuma: idan cikakkiyar takarda ta yi maka yawa, Franz Liszt ya mayar da dukan simfoni tara na Beethoven zuwa piyano, layi biyu kacal, kuma suna IMSLP. Yi amfani da ita don bin kari, amma kada ka kafa hujja da ita a kan wane kayan kiɗa ke busa me.

Idan aikinka na digiri ne, malami zai so ka duba bugun zamani da aka tace daga rubutun asali, irin wanda Jonathan Del Mar ya shirya wa kamfanin Bärenreiter. Wannan na sayarwa ne, sai ka tambaya a laburare.

5. Karanta shafin farko a tsanake

Jerin makaɗa daga sama zuwa ƙasa ba ya sauyawa: sarewa, obo, kilarinet, basun, sai ƙaho da tirampet, sai timpani, sai masu goge a ƙasa, bayolin na ɗaya da na biyu, biyola, celo, bes. Sunayen da Italiyanci suke: Flauti, Oboi, Clarinetti, Fagotti, Corni, Trombe. Rubuta ma'anarsu a gefe sau ɗaya.

Nan akwai tarko uku da ke kama kusan kowa.

Na ɗaya, wasu kayan busa ba sa fitar da sautin da aka rubuta musu. A wannan babin kilarinet na B filat ne (filat na nufin an sauke sauti da rabin taki), don haka abin da kake ji yana ƙasa da abin da kake gani da taki ɗaya. Ƙaho na E filat ne, tazararsa ta fi haka. Idan ka karanta layinsu kai tsaye a piyano za ka ce Beethoven ya yi kuskure. Mai farawa ya gane ki daga layin bayolin da na bes, ya bar ƙaho tukuna.

Na biyu, biyola tana da nata mabuɗin layi, wato alamar farkon layi mai nuna sunayen sautuka, inda layin tsakiya shi ne C ta tsakiya.

Na uku, Jamusawa suna kiran B filat da B, suna kiran B da H. To idan ka ga "Clarinetti in B" a bugun Jamus, B filat ake nufi. "Es" kuma E filat ne. Wannan ƙaramin abu ya ɓata rubutun ɗalibai da yawa.

Lura kuma da wanda ba ya nan. Tirombon uku da ƙaramar sarewa da babban basun suna cikin simfonin, amma ba sa shigowa sai babi na huɗu. Sautuka huɗun farko ma ba kowa ke yin su ba, masu goge ne da kilarinet kaɗai.

6. Zana taswirar babin

Nan ne zuciyar aikin, kuma nan za ka fi daɗewa. Ɗauko takardar da ka rubuta a mataki na uku, ka kunna faifan kana bin takardar kiɗa da yatsa. A wannan babin kowace gaɓa bugu ɗaya ce, don haka ƙirga "ɗaya, ɗaya, ɗaya" kana matsawa. Za ka ɓace. Tsaya, nemi wuri mai sauƙin ganewa, kamar inda kowa ya yi shiru, ka sake kamawa daga nan. A gaban kowane minti da ka rubuta, sa lambar gaɓarsa.

Babin yana bin tsarin da ake kira sonata, mai sassa huɗu a nan. Ja layi mai kauri da launi a kan iyakar kowane sashe:

Gabatarwa, gaɓa 1 zuwa 124. Nan ake fito da kayan da za a yi aiki da su. Jigo na farko a C maino. A gaɓa ta 59 ƙaho ya yi kiransa, a ta 63 bayolin na ɗaya ya shigo da jigo na biyu, mai laushi, a E filat mejo. Daga nan a maimaita sashen gaba ɗaya.

Sarrafawa, 125 zuwa 247. Ana juya kayan, ana yawo daga ki zuwa ki. Kula sosai daga wajen gaɓa ta 196: masu busa da masu goge suna karɓeɓeniya, sauti bibbiyu, daga baya ɗai-ɗai, ƙarfi yana raguwa har kamar numfashi zai ɗauke.

Komowa, 248 zuwa 373. Jigon farko ya dawo da ƙarfin kowa da kowa. A gaɓa ta 268 komai ya tsaya, obo ta rera ita kaɗai, an rubuta Adagio, wato a hankali, a kanta. Babu wannan a gabatarwa. A ta 303 kiran da ƙaho ya yi ɗazu ya dawo, amma a bakin basun, jigo na biyu kuma ya zo a C mejo.

Rufewa, wadda littattafai ke kira koda, 374 zuwa 502.

Yanzu ƙirga tsawon kowane sashe: 124, 123, 126, 129. Dubi lambobin nan da kyau. Rufewa, wadda a ayyuka da yawa na zamanin ɗan gajeren sallama ce, a nan ita ce mafi tsawo. Ka ga ka sami abin faɗa na farko, kuma da ƙirgarka ka same shi.

Yadda ake gane ki: je ƙarshen sashe, duba sautin da bes ya sauka a kai, buga shi a piyanon waya, ka ji ko nan ne kunne ya huta. Farkon sashe yakan ruɗar, ƙarshensa ya fi faɗin gaskiya. Misali mai kyau shi ne farkon babin kansa. Sautukan su ne G G G E filat, F F F D. Da sol-fa, m m m d, r r r t. Rera su kai kaɗai: babu abin da ya ce maino ne, za su iya zama E filat mejo. Sai a gaɓa ta 7, da C ta shigo a ƙasa, ƙafa ke taka ƙasa.

Hattara: littattafai sukan saɓa da gaɓa ɗaya ko biyu a kan inda wani sashe ya fara. Wannan ba matsala ba ce. Faɗi inda ka sa taka iyakar da dalilinka.

7. Bi ƙwayar kiɗan da launi

Ɗauki fensir ja. Duk inda ka ga gajeru uku da dogo ɗaya, kewaye shi, ko a wane layi yake. Aikin yana da gajiyarwa, amma kafin ka kai shafi na biyar za ka ga takardar ta yi ja, kuma za ka fahimci abin da ake nufi idan aka ce an gina babin daga ƙwaya guda.

Wurare biyu sun cancanci tsayawa. Na farko, ƙarƙashin jigo na biyu: daga gaɓa ta 65 celo da bes suna ta buga ƙwayar a hankali yayin da bayolin ke rera abinsa mai daɗi a sama. Wannan ne wurin da lasifikar waya ke ɓoyewa. Na biyu, kiran ƙaho: s s s d r s. Ƙwayar ce aka buɗa aka ƙara mata jela. Sa masa launi na biyu ka bi shi cikin sarrafawa, za ka ga karɓeɓeniyar nan ta gaɓa ta 196 daga tsakiyarsa aka yanko ta, aka yi ta rage ta har ta koma sauti ɗaya.

Kada ka manta da hutun da ke farkon gaɓa ta ɗaya. Babin da ɗan gajeren shiru ya fara, gajerun ukun suna gangarawa ne zuwa dogon. Wanda bai lura da wannan ba yakan rera su da nauyi a kan na farko, ya ɓata ƙirgarsa tun daga tushe.

8. Kwatanta faya-faye uku, ka auna sauri

Takarda ɗaya ce, amma masu jagorancin makaɗa sun bambanta ƙwarai. Ƙara biyu a kan na Kleiber: ɗaya tsoho, kamar na Wilhelm Furtwängler, ɗaya kuma na masu amfani da kayan kiɗa irin na zamanin Beethoven, kamar na John Eliot Gardiner na shekarun 1990. Mai son ya ji nisan tafiyar ya nemi na Arthur Nikisch da makaɗan Balin na 1913, duk da ƙarar tsufa da ke cikinsa.

Ga yadda ake aunawa. Zaɓi yankin da babu tsayawa a ciki, daga farkon gaɓa ta 25 zuwa farkon ta 59, gaɓa 34 ke nan. Auna daƙiƙoƙin da agogon waya sau uku, ka ɗauki na tsakiya. Ninka 34 sau 60, ka raba da daƙiƙoƙin. Abin da ka samu shi ne yawan gaɓa a minti. Beethoven ya ba da 108 a minti, wato yankin ya ci kusan daƙiƙa 19. Za ka tarar da yawa ba su kai nan ba. Ka sani kuma cewa lambar 108 ba ta zo tare da simfonin ba: a 1817 ya wallafa ta, bayan na'urar auna sauri ta Mälzel ta fito, shekara tara bayan an fara kaɗa aikin.

Rubuta abubuwa uku ga kowane faifai ban da sauri: ko an maimaita gabatarwa, tsawon riƙon da aka yi wa dogayen sautukan farko, da wanda ya busa gaɓa ta 303. Wasu tsofaffin jagorori sukan mayar da ita ga ƙaho. Bayanin da aka fi bayarwa shi ne ƙahon zamanin ba shi da maɓallai, wanda aka saita a E filat ba zai yi kiran da kyau a C ba, shi ya sa aka ba basun. Ni dai ina ganin a bar wa basun abinsa, don muryarsa ta sa komowar ta bambanta da gabatarwa, amma kai ka saurari duka biyun ka yanke naka.

Hattara: masu kayan kiɗa irin na zamanin Beethoven sukan saita sautinsu ƙasa kaɗan da na piyanon wayarka. Idan ka ji bai hau daidai ba, ba kunnenka ba ne.

9. Sai yanzu ka karanta abin da aka rubuta

Fara da abin da ke tabbatacce. An fara kaɗa simfonin ranar 22 ga Disamba 1808 a gidan wasa na Theater an der Wien da ke Biyenna, a taron da ya ɗauki kusan awa huɗu cikin tsananin sanyi, tare da simfoni ta shida da kwancato ta huɗu ta piyano. An wallafa ta a Leipzig a 1809, da sadaukarwa ga Yarima Lobkowitz da Razumovsky. A 1810 marubuci E. T. A. Hoffmann ya rubuta dogon sharhi a kanta a mujallar Allgemeine musikalische Zeitung, kuma shi ne tushen yawancin abin da ake faɗa har yau. Rubutun hannun Beethoven yana babban laburaren Balin, gidan tarihinsa na Bonn kuma ya ɗora wasiƙu da bugu na farko a intanet kyauta.

Don maƙalun masana, buɗe asusun kyauta a JSTOR, wanda ke ba da damar karanta adadi mai yawa kowane wata ba tare da saukewa ba. Mujallar Music Theory Online kyauta ce gaba ɗaya. Grove Music Online da RILM sai ta laburaren jami'ar da ta biya. Wikipedia ka ɗauke ta a matsayin ƙofa: gangara ƙasa ka ga inda ta samo maganar, ka bi can.

Labarai uku ne suke shiga rubutun ɗalibai ba tare da an tace su ba.

Cewa Beethoven ya ce sautukan farko ƙaddara ce ke ƙwanƙwasa ƙofa. Wannan daga bakin sakatarensa Anton Schindler ya fito, bayan rasuwar Beethoven, kuma a shekarun 1970 masana sun tabbatar cewa Schindler ya cusa rubutun ƙarya a littattafan hirar Beethoven. In za ka kawo maganar, ka ce Schindler ne ya faɗa, ka kuma faɗi halinsa.

Cewa ya tsara ta yana kurma sam. Jinsa ya fara raguwa tun kafin 1802, amma a daren 1808 shi da kansa ya kaɗa piyano a gaban jama'a. Littattafan da ake rubuta masa magana a ciki sai wajen 1818 suka fara.

Cewa ƙwayar tana nufin harafin V na nasara a saƙon Morse. A Yaƙin Duniya na Biyu aka haɗa su, a shirye-shiryen BBC na 1941. Beethoven ya rasu a 1827, kafin a ƙirƙiro saƙon Morse. Labarin yana da amfani idan kana rubutu a kan yadda mutane suka karɓi aikin, ba shi da amfani a kan niyyar mai shi.

Haka nan duk lambar gaɓa da ka samo daga wani shafi ko manhajar da ke amsa tambaya, duba ta a takardarka kafin ka rubuta.

10. Ajiye shi kusa da ɗan'uwansa

Ba za ka san abin da ya fita daban ba sai ka san abin da aka saba. Ɗauki babin farko na simfoni ta 40 ta Mozart a G maino, K. 550, ta 1788, ka yi masa mataki na 4 da na 6 kawai. Duba abu biyu: tsawon rufewarsa idan aka gwada da sauran sassa, da kin da jigo na biyu ya dawo a ciki. A wurin Mozart ya dawo a maino, ya zauna cikin duhun. A wurin Beethoven ya dawo a mejo, kamar an tsira, sai doguwar rufewar nan ta ja komai ta mayar maino. Ga dalilin tsawonta ya fara bayyana, kuma wannan kaɗai ya isa maƙala guda.

11. Rubuta

Fara da jimla ɗaya da wani zai iya musantawa. "Beethoven gwani ne" ba ta cikin irinsu. "Rufewar babin farko sarrafawa ce ta biyu, domin komowa ta bar rikicin ki bai warware ba" tana ciki. Kowace hujja ta zo da lambar gaɓa, kowace magana a kan sauti ta zo da sunan faifai da shekara da minti. Faɗi bugun takardar da ka yi amfani da shi tun a shafin farko. Sa taswirarka a jadawali guda: sashe, gaɓoɓi, ki, abin da ya faru. Tarihin rayuwa kada ya wuce sakin layi ɗaya, sai abin da ya taɓa hujjarka. Raba abin da ka gani a takarda da abin da ka ji a ranka. Duka biyun suna da wuri, amma mai karatu ya san wanne ne wanne. Manhajar Zotero, ta kyauta, za ta riƙe maka sunayen littattafai da shafukansu tun daga ranar farko, kada ka bari sai daren miƙawa.

Mai ba aikin awa ɗaya a rana zai iya gama matakai na 3 zuwa na 8 cikin mako biyu zuwa uku. Sa lambobi da zana taswira su ne masu cin lokaci.

Idan nau'in da aka ba ka ba simfoni ba ne, matakan suna nan, abin da ake bi da jan fensir ne ke sauyawa. A fugu, wato kiɗan da muryoyi ke ɗaukar jigo ɗaya bi da bi, irin ta Bach a C maino, BWV 847, mai murya uku da gaɓa 31, kewaye duk inda jigon ya shigo cikakke, ka rubuta muryar da ta ɗauke shi da kin da yake ciki. Sau takwas za ka samu. A waƙar Jamusanci mai rakiyar piyano, kamar Erlkönig ta Schubert, D. 328, ta 1815, sami fassarar baitocin Goethe kalma da kalma kafin sauraro na farko, ka rubuta ta ƙarƙashin kowane layi, sannan ka ba kowane mai magana a cikin waƙar launinsa: mai ba da labari, uba, ɗa, da aljanin.